Lambar da ke jikin kwalba: abin da ke sa wata giya ta fi wata ƙarfi

A zuba Guinness Draught a tambulan ɗaya, baƙa wuluk da kumfa mai kauri, a zuba Duvel ta Beljiyam a ɗayan, garau mai ruwan zinariya, sannan a tambayi wanda bai san su ba wacce ta fi ƙarfi. Kusan kowa baƙar zai nuna. Amma barasar da ke cikin baƙar kashi 4.2 ce cikin 100, ta mai hasken kuwa kashi 8.5, wato ninki biyu har da ɗan ɗori. Baƙin nan daga gasasshen sha'ir yake fitowa, wanda bai wuce kusan kashi 10 cikin 100 na hatsin da aka jiƙa ba, kuma launi da ɗanɗanon ƙauri kawai yake bayarwa. Ɗaci ma haka yake, daga furen wata shuka mai suna hof yake zuwa, ana iya cika shi a giya mai rauni, ana iya rage shi a mai ƙarfi. Santsin da Guinness ke yi a baki kuwa aikin iskar naitirojin ne da ake matsa mata.

Abubuwa biyu ne ke yanke ƙarfin giya: yawan sukarin da ke cikin ruwan kafin a sa yisti, da kuma yawan wanda yistin ya iya cinyewa. Sauran duk, da sunan salo, da ƙasar da aka yi ta, da dokar haraji, ta ɗayan ƙofofin nan biyu suke shigowa.

Abin da lambar ke nufi

Haruffan ABV da ake bugawa a jikin kwalba suna nufin kason barasa gwargwadon cikar ruwan. Giya mai kashi 5 tana nufin a cikin kowace mililita 100 akwai mililita 5 na tsantsar sinadarin itanol, bisa awon da aka yi a zafin digiri 20 na ma'aunin Salshiyas. Akwai kuma wani lissafin da ake yi gwargwadon nauyi, shi ne ABW, kuma ba ɗaya suke ba, domin itanol ya fi ruwa sauƙi: mililita ɗaya giram 0.789 ce. Don haka kashi 5 na cika bai wuce kusan kashi 4 na nauyi ba.

Wannan bambancin ya daɗe yana ruɗa mutane. A 1933, lokacin da Amurka ta fara sassauta haramcin barasa, dokar da aka yi ta halatta giya mai kashi 3.2 ne bisa nauyi, wanda ya yi daidai da kusan kashi 4 bisa cika. Shekara da shekaru ana cewa giyar Amurka ta fi ta Kanada rauni, alhali galibin tazarar ta lissafi ce: wannan yana auna nauyi, wancan yana auna cika.

Lambar ma kanta ba a ɗaure take tamau ba. A Tarayyar Turai an yarda giyar da ba ta wuce kashi 5.5 ba ta kauce wa abin da aka rubuta da maki 0.5 sama ko ƙasa, wadda ta wuce haka kuma da maki 1 cur. A Amurka rangwamen 0.3 ne. Ke nan kwalbar da aka rubuta wa kashi 8 a Turai tana iya zama 7.2 ko 8.9, ba tare da an karya doka ba.

Daga hatsi zuwa barasa

Ana farawa ne da tsiron sha'ir, wato sha'ir ɗin da aka jiƙa ya fara tsira sannan aka busar. A ɓarza shi, a jiƙa a ruwan zafi na kusan awa ɗaya, sinadaran da ke cikin tsiron su farfasa sitaci ya koma sukari. A tace ruwan zaƙin, a tafasa shi da hof, a sanyaya, a zuba yisti. Yisti yana raba sukari gida biyu kusan daidai: giram 180 na gulukos yana ba da giram 92 na itanol da giram 88 na iskar kabon. A aikace ba a samun hakan cif, domin yistin yana cin wani ɓangare ya gina jikinsa. Karl Balling, masanin sinadarai a birnin Firag a ƙarni na 19, ya lissafa cewa giram 2.0665 na abin da ya narke a ruwan yana ba da giram 1 na barasa, da giram 0.9565 na iska, da giram 0.11 na sabon yisti. Har yau da lissafinsa ake aiki.

Sukari yana ƙara wa ruwa nauyi, shi ya sa ake auna shi da nauyin ruwan. Ruwa zalla 1.000 ne. Ruwan zaƙin giyar yau da kullum yakan fara a wajen 1.050, wannan shi ne nauyin farko. Idan yisti ya gama aiki sai ya sauko zuwa wajen 1.010, nauyin ƙarshe ke nan. A cire na ƙarshe daga na farko, a ninka da 131.25, an samu ƙarfin giyar: 0.040 sau 131.25 ya ba da kashi 5.25. Lissafin yana tafiya daidai har zuwa wajen kashi 7 ko 8, daga nan sai ya fara ba da ƙasa da gaskiya, a koma ga lissafi mai tsawo.

A Jamus da Jamhuriyar Cek da manyan masana'antu an fi amfani da digirin Plato, wanda ke faɗin giram nawa ne na narkakken abu a cikin giram 100 na ruwan zaƙi. Digiri ɗaya ya yi kusan maki 4 na nauyi, wato 0.004, don haka digiri 12 shi ne wajen 1.048. Mai son lissafin gaggawa ya ninka digirin da 0.4: digiri 12 zai ba da kusan kashi 4.8, digiri 16 kusan 6.4. Abin lura a nan shi ne, lambar 10 ko 12 da ake gani a giyar Cek digirin ruwan zaƙi ce, kason barasarsu wajen 4 ne da wajen 5.

Ɗaga nauyin farko abu ne mai sauƙin fahimta, a ƙara hatsi ko a rage ruwa. Lita 20 mai nauyin 1.050 tana cin kusan kilo 4.3 na tsiro idan ana tatso kashi 75 cikin 100 na sukarin da ke cikinsa. Sai mutum ya zaci mai nauyin 1.100 kilo 8.6 za ta ci. Ina! Idan hatsi ya yi yawa ruwan da ake ɗauraye hatsin da shi yakan yi kaɗan, sukari mai yawa ya maƙale a dusa, abin da ake tatsowa ya faɗo zuwa wajen kashi 60, sai an kai kilo 10 zuwa 11. Wannan asarar ce ta sa masu dafa giya na da suke cin moriyar jiƙo ɗaya sau biyu ko uku: tatar farko mai kauri ta zama giya mai ƙarfi, ɗaurayar baya ta zama mai rauni ta shan yau da kullum.

Ƙofa ta biyu ita ce ta fi wuyar sha'ani, kuma a nan gizo ke saƙa. Ba kowane sukari yisti ke iya ci ba. A cikin jiƙo akwai sinadarai biyu masu farfasa sitaci. Bita-amilas ya fi aiki tsakanin digiri 60 da 65, yana yanko maltos, wanda yisti ke cinyewa tas. Alfa-amilas ya fi son digiri 68 zuwa 72, yana sare sitaci gutsi-gutsi, ya bar manyan gutsattsari da ake kira dekstirin, waɗanda yistin giya ba ya iya taɓawa. Wanda ya riƙe jiƙonsa a digiri 63 ko 64 zai samu giya mai ƙarancin zaƙi, sakayau a baki, mai yawan barasa. Wanda ya riƙe a 69 ko 70 zai samu mai kauri da zaƙi, barasarta ƙasa da ta farkon, alhali hatsinsu ɗaya. Tazarar wajen digiri 6 kacal.

Irin yistin ma yana da nasa. Yawancin yistin giya yana sauke kashi 70 zuwa 80 cikin 100 na abin da nauyin farko ya ɗara na ruwa zalla. Wasu tsofaffin irin Ingila sukan kwanta da wuri tun a wajen 68. Yistin saison, wani salon giya na Beljiyam, yakan wuce 90, domin wasu daga cikinsa suna fitar da sinadarin da ke farfasa dekstirin ɗin ma. A ɗauki ruwan zaƙi ɗaya mai nauyin 1.060 a raba shi tanki biyu. Wanda ya tsaya a 1.018 zai ba da kashi 5.5, wanda ya sauka har 1.004 zai ba da kusan 7.4. Na biyun ne zai fi sauƙin wucewa a maƙogwaro, kuma shi ne ya fi bugarwa. Yawan kuskuren da ake yi wa ƙarfin giya daga nan yake: harshe yana jin sukarin da ya rage, ya ɗauka shi ne ƙarfi, alhali sukarin da ya rage shi ne wanda bai zama barasa ba.

Inda awo ke kuskurewa

Ma'aunin da aka fi amfani da shi shi ne haidiromita, wani bututun gilashi da ke yawo a ruwa, ya nutse gwargwadon nauyinsa. An saita yawancinsu a digiri 20. A auna ruwa mai digiri 30, zai nuna ƙasa da gaskiya da maki 2 zuwa 3, a digiri 40 kuma da kusan maki 6, wanda shi kaɗai ya isa ya karkatar da lissafin barasa da kusan kashi 0.8. Bayan tsimuwa kuma ƙwayoyin iska sukan manne a jikin bututun su ɗaga shi, ya nuna nauyin da babu. Maganinsa a juye samfurin tsakanin kofuna biyu har iskar ta fice, a kuma murza bututun da yatsu kafin a karanta.

Rifiraktomita kuwa, wanda ke auna yadda haske ke karkacewa a ɗigon ruwa, yana da kyau kafin a sa yisti. Da zarar barasa ta shiga sai ya fara ƙarya, domin ita ma tana karkatar da haske. Giyar da ta sauka daga 1.050 zuwa 1.010 zai nuna ta kamar tana wajen 1.025, mai shi ya ɗauka tsimuwar ta tsaya a hanya, ya shiga ƙara yisti a banza. Sai an gyara karatun da lissafin da ke haɗawa da nauyin farko.

Akwai kuma barasar da ke shigowa bayan an rufe littafin awo. Sukarin da ake sawa a kwalba don ta yi gas, kamar giram 7 a kowace lita, yana ƙara kusan kashi 0.4. 'Ya'yan itace ko zuma da aka zuba a tsakiyar tsimuwa suna kawo sukarin da nauyin farko bai ƙidaya ba. Gangar katako da aka taɓa ajiye wuski a ciki tana mayar wa giya wani abu daga barasar da katakon ya sha. Shi ya sa manyan masana'antu ba sa dogara da lissafin nauyi biyu, sai su tsame barasar ta hanyar turara samfurin su auna ta kai tsaye, ko su yi amfani da na'urar da ke karanta ta da haske.

Salo da salo

A ƙasan tsani akwai Berliner Weisse, giyar alkama mai tsami ta Balin, wajen kashi 3, sai Radler, wadda rabinta lemo ne, wajen 2.5. Mild da bitter na yau da kullum a Ingila suna tsakanin 3 da 4. Waɗannan sun fi wuyar yi fiye da yadda ake zato, domin babu barasa ko sukarin da zai rufe aibi.

Raunin giyar Ingila kuwa tarihi ne ya jawo shi. A ƙarni na 19 kalmar mild tana nufin sabuwar giyar da ba a ajiye ta daɗe ba, kuma tana iya kai kashi 6 ko fiye. A 1880 Gladstone, Firaministan Birtaniya, ya soke harajin tsiro ya ɗora shi a kan nauyin ruwan zaƙi, ya zama duk wanda ya ƙara kauri ya ƙara biya. Yaƙin Duniya na Ɗaya ya zo da ƙarancin hatsi da hauhawar haraji, aka tilasta rage nauyin, na Biyu ya ƙara dannewa. Matsakaicin nauyin da yake sama da 1.050 kafin 1914 ya koma ƙasa da 1.040 bayan yaƙe-yaƙen, bai kuma sake hawa inda yake ba. Ko a watan Agusta na 2023, da Birtaniya ta sauƙaƙa harajin giyar da ba ta kai kashi 3.5 ba, nan da nan wasu sanannun giya suka sauko zuwa 3.4. Haka abin yake a arewacin Turai: a Suwidin kantin sayayya na yau da kullum ba ya sayar da wadda ta wuce kashi 3.5, sai a shagunan gwamnati na Systembolaget, a Norwe kuma iyakar 4.7 ce. Duk inda aka ga giya da yawa sun taru a lamba ɗaya, a duba, akwai doka a bayanta.

Tsakanin kashi 4 da 5.5 ne mafi yawan giyar duniya take. Laga mara nauyi ta Amurka 4.2 ce. Pilsner Urquell, jikar giyar da Josef Groll ya fara dafawa a Filsen ta ƙasar Cek a 1842, kashi 4.4 ce duk da cewa ruwan zaƙinta ya kusa digiri 12, domin ana barin sukari mai ɗan yawa a cikinta. Pils ta Jamus, da Helles ta Munik, da Kölsch ta Kolon, da giyar alkama ta Bafariya, duk suna kewaya kashi 5. Manyan kamfanoni da yawa ma ba a wannan ƙarfin suke dafa ta ba. Sukan dafa mai kauri wajen digiri 15 zuwa 18, su tsima ta, sannan su sirka da ruwan da aka cire wa oksijin har ta sauko lambar da ke jikin kwalba. Tanki ɗaya ya yi aikin ɗaya da rabi.

Jamus ta raba giyarta bisa digirin Plato, kuma da shi take karɓar haraji. Daga digiri 11 zuwa ƙasa da 16 ita ce cikakkiyar giya ta yau da kullum, daga 16 zuwa sama giya mai ƙarfi. Bock daga 16 take farawa, barasarta wajen 6.3 zuwa 7.2. Doppelbock daga 18, kamar Salvator ta Paulaner mai kashi 7.9, wadda asalinta 'yan zuhudun Munik ne suka riƙa dafawa. Ƙarfin Doppelbock a fili yake, domin tsiro ne zalla, takan fara a 1.075 ta tsaya a wajen 1.020, mai kauri da zaƙi.

Beljiyam ta bi wata hanyar daban, kuma a ganinmu ita ce ta fi yaudarar mai sha. Masu dafa giyarta sukan maye gurbin kashi 10 zuwa 20 na tsiro da sukari zalla, wanda yisti ke cinyewa bai bar komai ba. Tripel takan fara a 1.080 ta sauka har 1.010 ko ƙasa, ta ba da kashi 9 da wani abu, amma a baki kamar laga take, ga yawan gas da ke ƙara mata sauƙi. Westmalle Tripel kashi 9.5 ce, Dubbel ɗinsu 7, Chimay mai shuɗin tambari 9. Dokar Vandervelde ta 1919, wadda ta hana sayar da barasa mai zafi irin su wuski a mashaya, tana daga cikin abin da ya buɗe wa irin wannan giyar kasuwa. Lambobin da ke cikin sunayensu ma tarko ne, domin daga tsohon ma'aunin nauyi na ƙasar suka samo asali: Rochefort 6 kashi 7.5 ce, Rochefort 8 kashi 9.2, Rochefort 10 kuma 11.3.

Sunan IPA, wato India Pale Ale, shi ne ya fi kowanne rashin faɗin ƙarfi. A Ingila akwai masu ɗauke da sunan da ba su kai kashi 4 ba. Ta Amurka tana tsakanin 5.5 da 7.5, mai ninki kuma 7.5 zuwa 10. Labarin da ake yawan maimaitawa cewa an ƙara mata barasa ne don ta jure tafiyar jirgin ruwa zuwa Indiya bai da ƙarfi: a zamaninta ba ta fi sauran giyar Ingila bugarwa ba, hof aka ƙara mata, aka kuma bar ta ta tsimu sosai don kada sukari ya rage ya lalata ta. Sitawut, wato baƙar giya irin Guinness, ita ma haka, suna ɗaya ya rufe nisa mai yawa. Guinness Draught 4.2, Foreign Extra Stout ta kamfanin 7.5, imperial stout da Landan ta riƙa aikawa Rasha tun ƙarni na 18 kuwa 8 zuwa 12. Akwai kuma mai zaƙi da ake sa wa sukarin madara, wanda yisti ba ya ci, ta yi kauri kamar za ta kayar da mutum alhali wata ko kashi 4 ba ta kai ba. Barley wine, giyar sha'ir mai ƙarfi ta Ingila, tana tare da imperial stout a saman tsanin.

Inda yisti ke gajiya

Barasa guba ce ga yistin da ya yi ta. Yawancin irin da ake dafa giya da shi yakan fara sanyi tsakanin kashi 8 da 12, kuma tun kafin nan ruwa mai yawan sukari yana zuƙe ruwan jikin ƙwayoyinsa. Matsalar da aka fi gani ita ce tsimuwa ta tsaya a hanya, giyar da aka nufa da 1.020 ta maƙale a 1.040, zaƙi kamar madi. Dalilan sanannu ne: yisti ya yi kaɗan, ko oksijin bai isa ba a farko, ko zafi ya faɗi.

Ƙa'idar da ake bi ita ce ƙwayar yisti miliyan 0.75 a kowace mililita ga kowane digirin Plato idan yistin sama ne, wato wanda ke tasowa saman ruwan yayin tsimuwa, miliyan 1.5 idan na laga ne. Ke nan giya mai digiri 24 tana bukatar aƙalla ninkin abin da mai digiri 12 ke bukata, gwanaye ma sukan ƙara. Oksijin na giyar yau da kullum wajen miligiram 8 zuwa 10 ne a lita, mai ƙarfi kuwa ya fi haka, kuma ruwa mai kauri ba ya karɓar iska da sauƙi, shi ya sa ake hura tsantsar oksijin, wani lokaci a sake hurawa bayan kusan awa 12. Idan akwai sukari zalla a haɗin, gara a riƙe shi sai tsimuwa ta yi nisa a riƙa zubawa kaɗan-kaɗan, domin yistin da ya fara da sukari mai sauƙi yakan yi kasala da maltos. Zafi kuma a fara shi ƙasa, wajen digiri 17 ko 18, a bar shi ya hau zuwa 22 ko 23 a ƙarshe. Wanda ya bari ya hau tun kwanakin farko zai samu barasar fusel, masu warin fenti da ƙunar maƙogwaro. Giya mai kashi 6 da ta yi fusel takan fi mai kashi 10 da aka dafa da kyau zafi a baki.

Da irin wannan lallashin ake kai Samichlaus ta Ostiriya kashi 14, Utopias ta Samuel Adams kuma 28 zuwa 30, da yisti na musamman da ajiya mai tsawo a ganga. Abin da ya wuce nan galibi daskarewa ce. Ruwa yana zama ƙanƙara a digiri 0, itanol kuwa sai wajen digiri 114 ƙasa da sifiri. A daskarar da lita 100 mai kashi 7.5, a kwashe ƙanƙara lita 30, abin da ya rage zai doshi kashi 10.7, in aka cire ɗan abin da ya bi ƙanƙarar. Haka ake yin Eisbock ta Kulmbak a Jamus, mai kashi 9 zuwa 14. Da maimaita wannan ne BrewDog ta Sikotlan da Schorschbräu ta Jamus suka yi tseren da ya kai su kashi 32, da 41, da 55, da 57 tsakanin 2009 da 2011. Daskarewa ba ta zaɓe, duk aibin da ke cikin giyar shi ma ninkuwa yake.

Wadda aka ce babu barasa

Wannan ɓangaren ya shafi wanda ba ya shan barasa sam, ko don addini, ko juna biyu, ko magani, ko tuƙi. A Jamus kalmar alkoholfrei tana halatta har kashi 0.5, a Amurka ma abin da ake kira mara barasa shi ne wanda bai kai 0.5 ba. A jagorar gwamnati a Ingila kuwa sai wadda ba ta wuce 0.05 ba ake kira haka, mai ƙarancin barasa kuma har 1.2. Lamba ce abin dubawa, 0.0 ko 0.5, domin kalmar tana canza ma'ana daga ƙasa zuwa ƙasa.

Hanya biyu ake bi. Ko dai a dafa cikakkiyar giya a cire barasar, ta hanyar ɗumama ta a tukunyar da aka zuƙe wa iska, inda itanol ke tashi a wajen digiri 40 maimakon 78, ko ta matsa ta a matata mai ƙananan ramuka ƙwarai. Ko kuma a hana barasar samuwa tun farko, a tsayar da tsimuwa da sanyi ko a yi amfani da yistin da ba ya cin maltos. Ta biyun tana barin sukari da yawa, don haka dole a kashe ƙwayoyin da ke ciki da zafi bayan an rufe gwangwani. In ba haka ba, yisti kaɗan ya isa ya ci gaba da aiki, barasa ta hau, gwangwani ya kumbura.

Kaso da cikar tambulan

Kason barasa rabin lissafi ne, sai an ninka shi da yawan ruwan. Mililita sau kaso ya ba da tsantsar barasa, a ninka da 0.789 a samu giram. Gwangwanin mililita 500 mai kashi 5 yana da mililita 25, kusan giram 20. Ƙaramar kwalbar Tripel ta mililita 330 mai kashi 9.5 tana da mililita 31, kusan giram 25, ta fi babban gwangwanin. Ma'aunin sha ɗaya, wato awon da hukumomin lafiya ke ƙirga barasa da shi, a Birtaniya giram 8 ne, a Ostireliya 10, a Amurka 14, don haka kwalbar nan ɗaya ma'auni 3 ce a Landan, ƙasa da 2 a Niyok.

Tazara tsakanin kashi 4 da kashi 6 tana kama da maki biyu kawai, amma ƙarin rabi ne cur. A jiki kuma ta fi haka, domin hanta tana sarrafa barasa da gudu kusan ɗaya, wajen giram 7 zuwa 10 a awa ga babban mutum, ko an sha da yawa ko kaɗan. Mai shan mililita 500 a awa na giya mai kashi 4 yana shigar da giram 16, abin da ya fi ƙarfin hantar wajen giram 8 ne. Mai shan ta kashi 6 yana shigar da giram 24, rarar da ke taruwa a jininsa wajen 16 ce, ninki biyu.

Tambulan ɗin da aka saba zuba kowane salo a ciki yakan bi ƙarfinsa, amma ba kullum ba. A Kolon ana zuba Kölsch a siririn gilashi na mililita 200, ƙasa da giram 8 na barasa. A bikin Oktoberfest na Munik kuwa giyar tana wajen kashi 6, ta fi Helles ta kullum, kuma a kofin lita ɗaya ake kawo ta: mililita 60 na tsantsar barasa, kusan giram 47, daidai da gilashin Kölsch 6.